Kumbon da Ya Isa da Baya

A can wani zamani, wata yarinya ta tuƙa kumbo, ita da kakanta, za su wajen mahaifiyarta a tashar sararin samaniya. Da suka hango tashar, kakan ya ce, "Jikalle, juya kumbon, ki ba tashar baya."

Ta ce, "Kaka, Inna tana kallona ta taga, in ba ta baya?"

Ya ce, "Nan babu birki. Wutar injin baya take fita, ta tura mu gaba. In ba ki juya ba, wuce ta za mu yi."

Ta share hawaye, ta juya, ta kunna wuta. Kumbo ya rage gudu, ya rage gudu, har ya tsaya.

Ƙofa ta buɗe, sai ta ji hannun Inna ya dafa bayanta.