Sawu a Ɗanyen Siminti

Kowane birkila ya san ƙa'ida: in za ka zuba kankare a lungu, daga ƙurya ake farawa, kana ja da baya har ka fita. Dogo ma ya sani sarai. Amma famfon lambun gwaggonsa a can ƙurya yake, shi kuwa jidon ruwa ba ya cikin abin da yake so. Sai ya jibge yashi da tsakuwa a gindin famfo, ya faro zubi daga bakin ƙofa, yana ja da baya zuwa inda babu mafita.

Hanyar lambun da zai zuba wa kankaren siririya ce. Dama katanga mai fasassun kwalabe a kai, hagu shingen ƙaya. Ciyawa ba ta taɓa fitowa a kanta ba, alhali ba mai binta.

Rana ta yi ja, Gwaggo ta leƙo. "Ɗan nan, bar shi sai gobe. Hanyar nan da masu ita, kuma yanzu ne lokacinsu."

"Kwaɓaɓɓen siminti ba ya jiran gobe, Gwaggo."

Ta dube shi, ta ja ƙofa. Ya ji ƙarar sakata.

Ya ci gaba da juya kwaɓin da shebur, tsaye a cikinsa da dogayen takalman roba. Warin siminti ya cika masa hanci. Ya zuba kwanon ƙarshe, ya shafe da cokalin gini, ya miƙe yana duba aikinsa. Sumul, kamar a lasa.

Sai famfo ya daina ɗiga. Tsuntsaye suka yi tsit.

Caɓ.

Can bakin ƙofa, sawun ƙafa ya lotsa a ɗanyen simintin. Ƙafa ce ba takalmi, doguwa, ruwa na taruwa a gurbin diddigen. Babu kowa a wurin.

Caɓ. Wani sawun, gaba da na farko.

Tsoro ya kama Dogo har ƙashi. Ya waiga, bango. Ya yunƙura zai ɗaga ƙafa, ta ƙi. Kwaɓin da yanzun nan yake juyawa ya riƙe takalmansa gam kamar ya kwana.

"Gwaggo," ya ce. Muryar ko shi da kyar ya ji ta.

Caɓ. Caɓ.

Wani wari ya taso, irin na tsohuwar rijiya. 

Sawun ya tsaya daf da shi. Aka yi numfashi a fuskarsa.

"Ka tare hanya," aka raɗa.

Da addu'a a bakinsa ya fizge ƙafafunsa daga cikin takalman, ya faɗa shingen ƙaya da ka. Ta yage riga, ta yage fata, bai ji ba sai da ya gan shi a tsakar gida.

Da safe shi da Gwaggo suka leƙa. Siminti ya bushe. Sawun ƙafa ya tafi tiryan-tiryan har ƙurya. Takalman babu su. Sai wani layin sawun da ya dawo, ya fita ta ƙofa, mai zanen ƙasan takalmin roba.

Dogo ya bar aikin yamma, ya sauya gida. Duk da haka, kullum rana ta yi ja, matarsa kan share busasshen siminti a bakin ƙofarsu, tana mitar wa ke shigo mata da shi.