Fim ɗin Kaboyin Alhaji Maiwada

Bayan sallar la'asar Alhaji Maiwada ya buɗe kabad ɗin shagon turarensa a unguwar Batha ta Riyad. Gwangwanin da yake ajiye faifan fim ɗinsa na nan, faifan babu.

Bai kai ƙara ba. Ya kira Sha'aban, tsohon ɗan sandan Kano da yanzu yake tuƙi a Riyad.

"Wane irin fim ne, Alhaji?"

"Na kaboyi, na barkwanci, tun zamanin da fim ba ya magana. Mutum ɗaya ya tsara shi, ya kuma fito a kaboyin da dokinsa ya raina. Kakana ya samo shi hannun wani Bature a Jos. Tunda an buɗe sinima a ƙasar nan, wani Balarabe a unguwar Nasiriyya ya nace in sayar masa. Na ƙi."

"Wa ya san irinsa?"

"Daga ni sai Balaraben. 'Yan shago 'tsohon fim' kawai suke ji. Jiya ma na ga faifan a kabad."

Sha'aban ya sunsuna gwangwanin. Wani warin tsami ya doke shi.

"Haka tsohon faifai yake," in ji Alhaji.

Ban da Alhaji, mutum biyu ke da makullin kabad ɗin. Salissou, ɗan Maraɗi mai kula da sito, ya ce tun shekaranjiya yana unguwar Utaiƙa wurin sauke kaya. Sha'aban ya buga wa mai motar kayan, ya tabbatar.

Ghali, ƙanin matar Alhaji mai riƙe da ɗaya makullin, dariya ya yi. "Haba Malam Sha'aban, wa zai saci fim ɗin da ko magana ba a yi a ciki?"

"Gaskiya ne. Rage min hanya mana."

Da Ghali ya buɗe motarsa, Sha'aban bai shiga ba. Ya leƙa, ya ja numfashi, ya yafito Alhaji.

"Ɗaga kujerar baya, Ghali."

Faifan yana ƙasa, naɗe cikin tawul.

"A shagon nan ba wanda ya gaya maka fim ɗin ba ya magana," in ji Sha'aban. "Alhaji bai faɗa ba, saura Balaraben. Ke nan ka je kun yi ciniki. Warin kuwa ko turaren shagon nan duka ba zai ɓoye shi ba."

Ghali ya sunkuyar da kai. "Yaya, kada ka kai ni hukuma. Iƙamata, takardar zamana a ƙasar nan, za su soke."

Alhaji ya karɓi faifan da hannu biyu, ya duba gefensa a hankali.

"Ba zan kai ka ba. Ajiye makullin. Yayarka kuma, da bakinka za ka gaya mata."

Ghali ya ɗago a firgice. "Yaya, gara hukumar."