Ta'aziyyar Mai Rai

"Nusaiba, dubi wanga! Dubi abin da babanki yay yi muna!"

Luƙman ya dangwarar da jaridar a kan tebur, ko sallamar kirki bai yi ba. Tunda aka sa musu rana bai taɓa kiran sunanta gatsau haka ba, kullum sai "hasken raina".

Gangar Dallol ce, jaridar da mahaifinta Malam Jibo ya kafa a nan Dogon Dutsi tun kafin a haife ta. A shafin ta'aziyya ga hoton Alhaji Rufa'i, mahaifin Luƙman, an rubuta Allah ya jiƙan rai a ƙasa. Alhajin da ke nan garau a shagonsa na garin Kore Mairuwa!

"Tun da sahe mutane ka cika muna gida," in ji Luƙman. "Goggona ta taho daga Sukukutane tana kuka, ta iske shi zaune shina shan hura, nan take ta some! 'Yan'uwanshi sun ce mugun fata ne, sun ce a maido goro..."

"A maido goro?"

"Gaya mini gaskiya, masoyiya. Baba ba shi son aurenmu ne?"

Hawaye suka zubo mata. Ta san yadda aka yi sarai, amma rantsuwa ta ɗaure mata baki. Idon Malam Jibo ya daɗe da tafiya, inuwar mutum kawai yake gani. Shi ke faɗa, ita ke bugawa, ita ke jera hotuna kafin a aika Yamai wurin ɗab'i. Ya sa ta rantse ba za ta gaya wa kowa ba, don a cewarsa ba mai sayen labarin da makaho ya ce ya gani. Wannan makon ne aka ja ta garin Matankari ɗinkin kayan biki, shi kuwa da taurin kai irin nasa ya ce zai iya. Hoton Alhaji da aka tanada don murnar baiko ya ɗora a gurbin wani dattijo da ya rasu.

Idan ta yi magana ta tona asirin uba, idan ta yi shiru ta rasa Luƙman.

"Kuskure na, wallahi kuskure na..."

"Na wa? Ke ba ki garin!"

Ƙarar mota ta katse su. Nusaiba ta leƙa taga. Alhaji Rufa'i ne da kansa, da ƙannensa biyu, fuska ba annuri.

Malam Jibo ya fito daga ɗakin ciki da baƙin tabarau, yana takunsa na ƙasaita, don ya haddace ofishin nan kamar Fatiha. Ba a gaya masa komai ba tukuna.

Alhaji ya shigo. Duk da fushinsa, ya miƙa wa Malam Jibo hannu kamar yadda Musulmi ke yi.

Hannun ya tsaya a iska. Malam Jibo yana fuskantarsa, bai motsa ba.

"Kun gani ko?" ƙanen Alhaji ya daka tsawa. "Ya kashe shi ga takarda, kuma ya ƙi hannunshi! Wane wulaƙanci ya hi wanga?"

Malam Jibo ya firgita, ya waiga inda ba kowa. Cikin ƙaramar murya ya ce, "Nusaiba... su wa ag ga nan?"

Nusaiba ta durƙusa ta fashe da kuka.

"Baba, Alhaji Rufa'i na. Hotonshi kas sa ga shafin mamata... Alhaji, don Allah ku yi mai aikin gafara, ba shi gani!"

Malam Jibo ya lalubi bango ya jingina. Mutumin da bai taɓa tsoron kowa a alƙalaminsa ba, yau ya sunkuyar da kai a gaban surukai.

Alhaji ya matsa, ya kamo hannun Malam Jibo da kansa ya riƙe gam.

"Tun yaushe, Malam?"

"An jima, Alhaji. Yarinyar ga ita ag ganina."

"Kuma kab ba mu ita, ka san Kore Mairuwa za mu kai ta?"

"In hana ta rayuwa don in ci gaba da buga takarda?"

Alhaji ya share ido da bakin rawani. Ya juya ga ɗansa.

"Luƙman, goro shina nan inda yake. Ka nemi gida nan Dutsi, kusa da ofishin ga. Ba mu ɗauke ma mutum idonshi."

Luƙman ya tsuguna kusa da Nusaiba, kunya ta rufe shi. "Ki gafarce ni, hasken raina."

Ta tashi ta kama ɗaya hannun babanta, ta kai shi kujera a gaban kowa, karo na farko ba tare da ta waiga ko ana kallo ba.