Zanen Madubi

Duk wanda ya sake kiran Kawu dolo a gabana zai ga ɓacin raina. Abin haushin, ni na fi kowa kiransa haka.

Shara yake mana a shagon ɗinki. Magana ba ta fita daidai a bakinsa, ga dariya babu dalili. Kullum in rana ta kusa faɗuwa sai ya ɗauko wani tsohon zane ya rufe babban madubin gwada kaya, ya ce masa, "Sai da safe."

Wata rana na makara wajen gama rigar 'yata. Ta saka tana ɗokin ganin kanta, shi kuwa har ya rufe.

"Kawu, cire tsumman nan," na ce.

"A'a. Ta farka."

"Wa ta farka? Shekara ashirin muna fama da shirmenka!"

Na fizge zanen na wurga shi kan titi.

Fanka ta tsaya cak. Warin jiƙaƙƙiyar ƙasa ya cika shagon, alhali ko ɗigon ruwa ba a yi ba.

'Yata ta ɗaga hannu tana gyara wuyan riga.

Ta cikin madubin ba ta ɗaga ba. Murmushi take.

"Umma," 'yata ta raɗa, "ƙafata ta ƙi motsi."

Gilashin ya fara ƙara, ƙis, ƙis. Wasu dogayen yatsu suka fito suka kama gefen rigar.

Ni mai hankalin, ko addu'a na kasa.

Kawu ya tuɓe rigarsa ya shiga tsakaninsu. Ya danna rigar tasa a kan madubin da hannu biyu.

"Koma ki kwanta," ya ce a hankali. "Ba taki ba ce. Ni na makara."

Laifina ya ɗauka.

Wani abu ya ja dogon numfashi a bayan gilashin. Sai shiru. 'Yata ta faɗo jikina tana rawar sanyi.

Tun daga ranar hannuwan Kawu suka shanye. Ni nake ba shi abinci a baki. Na ɗauko guduma zan fasa madubin, ya ce, "In kin fasa, ina za ta zauna?"

Jiya mai wankin da ke kusa da mu ya leƙo, ya tarar ina rufe madubi ina cewa sai da safe. Ya kwashe da dariya.

"Ashe dolancin na gado ne!"

Sai da na ajiye almakashin hannuna kafin na juya, don na san halina.