Kwana Huɗu Ba Ruwa

Ranar da Keziya ta fara ganin Toma, lebura ta ɗauke shi. Ta kawo wa babanta tuwon shinkafa a sabuwar kwalejin horon malamai da ake ginawa a bayan Birnin Kebbi, inda shi baban nata, Baba Isuwa, ke shugabantar kafintoci, sai ta hangi wani dogon saurayi a rumfar kwano, ya naɗe wando har gwiwa yana tattaka laka.

"Sannu da aiki," ta ce. "Ginin nan fa na siminti ne, wa ya sa ka wahalar laka?"

"Mace zan gina," ya ce, bai ko ɗago ba.

"Mace? Sun ƙare a gari ne?"

Nan ya ɗago yana dariya, laka har a gira. Keziya ta gyara riƙon kwanon tuwo ta wuce, tana waiwaye.

Toma ya karanto zane da sassaƙa ne a Zariya. Shugaban kwalejin ya ba shi aikin mutum-mutumin da za a kafa a tsakiyar haraba ranar bikin 'yancin kai, a Oktoban shekarar nan ta 1960: mace mai shiƙar shinkafa, irin matan fadamar Ambursa, ta ɗaga ƙwarya sama. Da laka za a fara gina ta, in ta kammala a ɗauki siffarta a zuba siminti. In aikin ya karɓu, za a ɗauke shi malamin zane.

Tun daga ranar tuwon Baba Isuwa bai ƙara isa da zafi ba. Ita tana kiransa Sarkin Laka, shi yana ce mata 'Yar Kafinta. Wata rana ta tarar da takarda a ƙasan kwandonta.

"'Yar Kafinta, yau na gama hannun dama. Kwana uku yana ƙina, sai da na tuna yadda kike riƙe kwanon tuwo. Gobe ki zo da wuri, ko tuwon bai nuna ba. Naki, Sarkin Laka."

Ta karanta ta har takardar ta yi laushi.

Da Toma ya tura dattawan coci neman izini, Baba Isuwa ya ɗaure fuska. "Ni da na baro gumakan ubana a kan dutse na bi Almasihu, in ɗauki 'yata in ba mai gina gunki? Mai ginin tukwane ma ya fi shi, ko ba komai ana dafa abinci." Shi Job yake so ya aure ta, akawun wani kanti a unguwar Nasarawa, mai sabon keke da wando mai karin guga. Sai da dattawan suka yi ta lallashi sannan ya sauko kaɗan. "In makaranta ta karɓi abin nan ta ba shi aji, ya zama malami, zan duba. In ba haka ba, kada a sake zo mini da zancen."

Aurensu kacokan ya koma kan tarin lakar nan da ke tsaye a rumfa.

Ga shi bazara ta kankama. Laka kuwa ba ta haƙuri da zafi, dole a lulluɓe ta da jiƙaƙƙun buhuna safe da yamma, in ba haka ba ta bushe ta tsattsage. Ana cikin haka tafiya ta kama Toma zuwa Argungu, garin da aka haife shi. Ya damƙa mata makullin rumfa.

"Kwana biyu kawai. Safe da yamma, 'Yar Kafinta, ki jiƙa mini buhunan nan sharkaf. Amma ina roƙonki, kada ki buɗe fuskar sai na dawo."

"Me ka ɓoye?"

"Abin da ban taɓa nuna wa kowa ba."

Keziya ta sunkuyar da kai tana murmushi. Wanda ya ɗauki hannunta ya sa wa mai shiƙa, fuskar wa kuma zai sa? A ranta ta riga ta gama ganin kanta tsaye a tsakiyar kwaleji, ɗalibai na wucewa suna nuna ta.

Washegari da yamma tana ɗauke da bokiti, Job ya tare ta, ya sauko daga kekensa a yangance.

"Ashe ke aka bar wa shayar da Dinatu? Sannu da ƙoƙari."

"Wace Dinatu?"

"Malamar asibitin nan ta Argungu, wadda ta yi mana waƙa ranar Ista. Asabar uku tana zuwa rumfar nan, ta zauna tun safe har azahar yana kallonta. Yanzu kuma ina ya ce miki ya tafi?"

Job bai yi ƙarya ba. Gaskiyar ce dai ya yanko daidai inda za ta yi masa amfani, ya hau kekensa ya bar ta da ita.

Keziya ta shiga rumfa, ta taka benci, ta fizge buhun fuskar. Ga faɗin goshin Dinatu, ga haɓarta, ga dogon wuyan. Fuskar ta ɗan manyanta, amma idon mai kishi ba ya tsayawa ƙirga shekaru. Ta daɗe tana kallo, har gefen bakin da ya ɗan ɗaga ta ga kamar dariya ake yi mata. Ta yar da buhun a ƙasa, ta kulle ƙofa, ta jefa makullin can ƙasan akwatinta.

Ba ta fasa komai ba, kuma da wannan ta riƙa lallashin kanta. Ruwa kawai ta hana. Kullum in ta kawo tuwo tana jin kwanon rumfar na ƙaras-ƙaras a cikin rana, ta kau da kai ta wuce. Kwana biyun Toma suka cika bai dawo ba, zuciyarta ta ce ai ga shi nan.

A rana ta huɗu direban motar kifi ya kawo mata wasiƙa daga Argungu.

"'Yar Kafinta, ki gafarce ni, tafiya ta yi tsawo. Tsohuwar da na zo ɗauka, Nana, zazzaɓi ne ya kwantar da ita, jiya ta miƙe. Bari in rubuta abin da bakina ya kasa faɗa. Fuskar da ke ƙarƙashin buhu ta mahaifiyata ce, Susanna. Ta rasu a nan Argungu ina shekara bakwai, ba ta bar hoto ba. Na roƙi Dinatu, 'yar ƙanwarta, ta zauna mini saboda an ce ta ɗebo goshinta da haɓarta. Wata biyu ina yi, Dinatu kawai ke fitowa. Sai wata safiya na ɗan taɓa gefen baki, na ja da baya, na ga Mama tana kallona. Ban ƙara taɓawa ba. Nana maƙwabciyarta ce, ita ta yi jinyarta, ita kaɗai ta rage da za ta ce mini na dace ko ban dace ba. Gobe muna tafe. Ki ci gaba da shayar mini da ita, ke kaɗai na yarda in bar wa ita. Naki, Sarkin Laka."

Ko takalmi ba ta tsaya sawa ba, ta zaro makullin ta ruga rumfa.

Buhunan sun bushe ƙayau, jikin mai shiƙa duk ya tsattsage. Fuskar da ta bari a buɗe kuwa ta ɓanɓaro ta faɗo, ta rabu gida shida ko bakwai. Keziya ta durƙusa ta tattara gutsattsarin cikin ƙwarya, ta kwarara musu ruwan da ta hana su. Tana kallo suka yi ta tsotsa suna narkewa, goshi da baki da haɓa, har suka koma taɓo. Da ta bar su a bushe, da ana iya harhaɗa su a manne. Wannan sai bayan shekara tara ta ji shi, ta tagar aji, Toma na koya wa ɗalibai. Ita bai taɓa faɗa mata ba.

Da suka iso washegari, a bakin rumfa suka same ta da ƙwarya a cinya. Ba ta ɗora wa Job ba, ba ta ɗora wa rana ba. Ta faɗi abin da ta yi tun daga fizge buhu.

Toma ya tsuguna, ya sa yatsu biyu a cikin taɓon. Ya daɗe a haka. Da duka ya yi mata da ya fi sauƙi.

"Kin dai gan ta?" ya ce can.

"Na gan ta."

Tsohuwa Nana ta matso da sandarta. "To ɗiyata, tunda ke kinka gani, hwaɗa min. Mi kinka gani ga huskar?"

Keziya ta rufe ido. "Goshin Dinatu ne, Inna, da haɓarta. Amma idon ya fi nata sanyi. Gefen bakin na hagu ya ɗan ɗaga, kamar mai riƙe dariya kada ta fito."

Tsohuwa ta dafe ƙirji, hawaye suka zubo mata. "Ita ta. Hakanan Susanna ka yi in yaron ga ya yi ɓarna tana son yi mai hwaɗa. Ɗana, ka same ta."

Toma ya juya musu baya, kafaɗunsa suna rawa.

Sati uku yana gwada sake fuskar, Dinatu kawai ke fitowa. Keziya ta daina kawo tuwo. Ta naɗe makullin a takarda ta ba babanta ya miƙa masa.

"Toma, ga makullinka. Ban cancanci riƙe maka komai ba. Keziya."

Baba Isuwa ya tsare ta sai da ta ba shi labarin duka. Sannan ya ce, "Me ya ce miki da ya gani?"

"Bai ce komai ba, Baba. Tambayata ya yi ko na gan ta."

Da safe tsohon ya ɗauki zartonsa ya shiga rumfar da bai taɓa takawa ba. Ya daɗe yana duban mai shiƙa. "Na ce gunki ne," ya ce wa Toma. "Ban san uwa ce ba. Ni tawa ma kamanninta sun ɓace mini, ban taɓa ko gwada nemo su ba." Ya zagaya bayanta yana ƙwanƙwasa katakon da ke riƙe da lakar daga ciki. "Ka taɓa ganin mai shiƙa ta fuskanci ƙaiƙayi? Kau da kai take yi ta kare da damtse. Kawo in sauko maka da hannun nan."

Da yamma ya dawo gida da makullin da wata takardar.

"'Yar Kafinta, mutum biyu ne a duniya suka ga fuskar nan. In kika tafi saura ni kaɗai, ni kuwa ta fara dushe mini. Ga makullinki. Har yanzu akwai buhunan jiƙawa. Naki, Sarkin Laka."

Ranar bikin 'yancin kai aka yaye ƙyalle, mai shiƙa ta bayyana, ƙwarya a sama, fuska a ɓoye bayan damtse. Aka yi ta tafi. Malaman gari da suka zo suka ce yaron ya yi hankali da bai fitar da fuska ba, shugaban kwaleji kuma ya ce hikima ce, kowa ya sa fuskar tasa uwar. Keziya tana cikin taron tana jin su, kowane yabo na sukarta. Har yau mai shiƙa tana nan, makarantar ta girma ta zama jami'a ta kewaye ta, ɗalibai na zama a inuwarta suna ta musun dalilin ɓoye fuskar.

Makaranta ta karɓi aikin, ta ba Toma aji. An ɗaura auren a cocinsu na Nasarawa sati biyu kafin Kirsimeti. Dinatu ce babbar ƙawar amarya, Nana ta zo da kwandon bandar kifi, Job kuma ya leƙo a kan kekensa bai jira shinkafa ba. Baba Isuwa ya ɗora musu hannu a ka.

"Allah ya zaunar da ku lafiya, ya ba ku zuriya mai albarka. Abin da ɗayanku ya ba ɗaya ajiya, Allah ya ba shi ikon riƙewa."

Aka ce amin. Keziya ce ta fi kowa jin inda addu'ar ta sauka.

Ana ta guɗa a waje, Toma ya karkato wajen kunnenta.

"'Yar Kafinta, sake faɗa mini yadda take."

Keziya ta rufe ido, hawaye na bin lulluɓinta, ta fara daga goshi.