Mai Shara a Fim ɗin Japan

Ku matso, ku rage murya, in ji Yaya Sabuwa, don wannan ba tatsuniya ba ce.

Zamanin da sinima ba ta da rufi, an yi wani mai fassara, Ɗanlasan. Japananci ko na gaisuwa bai iya ba, amma da an sa fim zai tsaya gefen allo ya ƙaga wa kowa magana. Bakinsa ne abincinsa, kuma bakin nan ba ya riƙe sirri.

Aka kawo wani tsohon fim ɗin Japan marar murya, na mayaƙa masu takubba da ɗan leƙen asirin da ya shiga gidan ubangidansu a matsayin mai shara. Kamar kullum, Ɗanlasan ya fara kallonsa shi kaɗai da la'asar a ɗakin injin haska fim, don ya shirya ƙaryarsa. Ya ga mai sharan ya tsira a ƙarshe.

Yana fitowa ya tarar da baƙo. Takalmin katako ne a ƙafarsa, yana taka siminti, ba ƙara. Leɓɓansa sukan gama motsi kafin muryar ta iso.

"Malam, kada ka nuna mai shara. Rayuwarsa na bakinka."

"Kai wane ne?"

"Suna jin ka."

Ɗanlasan ya zargi abokan aikinsa da shirya masa wasa. Bayan isha'i sinima ta cika, daɗin tafi ya kwashe shi, ya ce wa jama'a su dubi mai tsintsiyar nan da kyau, munafuki ne.

Mayaƙan cikin allo suka tsaya cak. Suka waiwayo suka dube shi, sannan suka dubi mai shara. Da la'asar babu wannan wurin a fim ɗin.

Ɗanlasan ya yi maza ya ce wasa yake yi, mai dafa abincin gidan ne munafukin. Nan take mayaƙan suka ja bawan Allah bayan katanga, bai sake fitowa ba. Jama'a suka yi ta tafi.

Washegari da la'asar wata mace ta tsaya ƙofar ɗakin inji, goye da jariri, ba ta da inuwa. Tana neman wanda ya yi wa mijinta, mai dafa abincin nan, sharri. Ɗanlasan ya dira ta taga, ya bar garin, bai ƙara fassara ba. Ita kuwa har yau tana tambaya.

Kada wanda ya bi ta bayan tsohuwar sinimar nan shi kaɗai. In ta tare ku, kada ku nuna mata kowa.