Ƙurar da Ke Ƙirjin Kawu

A duniyar nan mai rana biyu, babbar ta faɗi, ƙaramar tana jan ƙafa a bayan tsauni, sa'ad da Dogo ya tada motar dakon ma'adini daga bakin rami. Lodin ba shi da yawa. Akwatin ƙarfe ne guda, ɗaure da sarƙa, za a kai wa masu haɗa jirage. A kujerar gefe Kawu ne, ƙanen mahaifiyarsa, wanda ya ƙare ƙuruciyarsa a haƙa har tari ya kore shi daga aiki. Asibiti za a sauke shi.

"Me ka ɗauko?" in ji Kawu, yana goge baki da hankici.

"Shuɗin dutsen nan ne. Mai-numfashi."

Ba wanda bai san labarinsa ba. Sai can ƙarƙashin ƙasa ake samunsa, jifa-jifa, kuma ɗan guntunsa ya isa ya kai jirgi wata duniya. Masu haƙa suna cewa yana ji, yana kuma riƙe abu a rai. Masu kamfani suna cewa zancen banza ne.

Kawu ya murtuke fuska, mutumin da ko a gidan makoki sai ya samo abin dariya.

"Da ka faɗa mini, da na tafi a ƙasa."

"Haba Kawu, kai da ko bakin ƙofa sai ka huta kafin ka kai?"

"Ai da na huta."

Hanyar ta miƙe a gefen wani kwari mai zurfi, ba gida, ba fitila. Rediyo ya yi ƙara sau ɗaya, ya mutu. Sai wani ƙamshi ya cika motar, irin na ƙasa bayan yayyafi, alhali rabon wurin da ruwa an manta.

Dogo ya ji sarƙar baya ta yi ƙas. Ta saki. Ta sake yin ƙas.

Ya dubi madubi. Wani haske shuɗi yana fitowa ta haɗin akwatin, ya ƙaru, ya ragu, kamar ƙirjin mai barci.

Sai ya lura Kawu ya daina tari.

Tun yana yaro bai taɓa jin ƙirjin nan ya yi shiru ba. Ya waiwaya. Tsohon na zaune a sandare, idanu a buɗe, numfashinsa na tafiya daidai da hasken. A ƙarƙashin rigarsa, tsakanin haƙarƙari, wani shuɗi na leƙowa.

"Kawu?"

"Kada ka ɗaga murya," ya ce da raɗa. "Shekara da shekaru muna shaƙar ƙurar dutsen nan. Ashe ba ciwo ba ne, ɗan nan. Nasa yake nema."

Bayan Kawu ya manne da jikin kujera, kamar an ja shi da igiya ta baya. Ƙarfen kujerar ya fara lanƙwasa. Dogo ya ji wani ƙashi ya ba da ƙara.

Ya taka birki. Ya ja hannun juye kaya. Bayan motar ya ɗaga sama, akwatin ya zame, amma sarƙa ta riƙe shi.

Dole ya sauka.

Ya zaga bayan motar. Ƙusar da ke riƙe da sarƙar tana can jikin akwatin. Ya dafa murfin don ya miƙa hannu.

Ƙarfen da ɗumi, kamar cikin dabba.

Nan take ya daina ganin hanya. Ya ji duhu, ya ji nauyin tsauni a kansa, ya ji kansa jiki ɗaya ne shimfiɗe a ƙarƙashin ƙasa, ana ta gutsirarsa ana tafiya da shi. Ba fushi ya ji ba. Kewa ce, irin ta uwar da ke laluben 'ya'yanta a cikin hayaƙi.

Daga gaban mota muryar Kawu ta fito, amma ba tasa ba ce.

"Maido."

Dogo ya fizge ƙusar.

Akwatin ya gangara kwari. Dogo bai ji faɗuwarsa ba.

Ƙofar mota ta buɗe, Kawu ya faɗo a gwiwa, ya yi wani tari mai tsawo. Ƙura shuɗiya ta zubo daga bakinsa, tana ƙyalli. Ba ta tashi da iska ba. Ta haɗu, ta yi layi kamar tururuwa, ta tsallaka hanya, ta bi ta kan takalmin Dogo, ta sauka kwarin.

Sai ƙasar da suke kai ta yi ajiyar zuciya.

Dogo ya sungumi tsohon, ya jefa shi a mota, ya ba ta wuta. Bai ƙara duban madubi ba har suka ga fitilun gari.

An kori Dogo daga aiki. Kamfani ya tura mutane kwarin, suka sami akwatin da kwaɗonsa a kulle, ciki ba komai.

Likita ya ce huhun Kawu fes yake, sai haƙarƙari biyu da suka tsage. Yanzu yana cin abinci, yana hawa matakala ba hutu. Amma barkwancin ya tafi. Jikoki sukan kewaye shi suna jira, shi kuwa ya zauna a tsakar gida, tafin hannunsa a ƙasa, kamar mai sauraron wani abu.

Wata yamma Dogo ya kawo masa ruwa, ya tsuguna kusa da shi.

"Kawu, yaya jikin?"

Tsohon ya ɗago kai ya dube shi.

"Ni dai dutsen ya karɓi nasa a wurina. Kai fa, ɗan nan? Kai ma ka jima a bakin ramin nan. Ka fara tari?"

Dogo ya haɗiye abin da ke sosa masa maƙogwaro tun safe.

"A'a," ya ce.